Yadda ake buga tsohon gem ɗin James Bond a PlayStation 2 da aka buɗe

Yawancin PlayStation 2 da suka rage a hannun mutane, ciwonsu ɗaya ne: ido, wato lezar da ke karanta faifai. Ka kunna ta kama, fanka na juyawa, hoto ya fito tas, amma da ka sa faifai sai ta shiga ƙugi tana laluben abin karantawa, can ta haƙura ta ce ba ta ga komai ba. Ba abin mamaki ba ne. Sony ta fito da na'urar a 2000, ta daina ƙera ta a farkon 2013, don haka ko autarsu ta ba shekara goma baya. Dalilin buɗe ta ke nan, wato a koya mata ɗauko gem daga filash ko kwamfuta ko had-dis, idon ya samu ya huta. Buɗewar da zan nuna ba ta bukatar kwance noti ko narka dalma. Komai a katin memori yake zaune. Ka zare katin, na'ura ta koma yadda ta fito daga kamfani.

Gem ɗin da za mu yi aikin a kansa shi ne From Russia with Love, wanda kamfanin EA ya fitar a ƙarshen 2005 a PS2 da Xbox da GameCube, na PSP ya biyo baya a 2006. An gina shi a kan fim ɗin James Bond na 1963 mai wannan suna, kuma abin da ya sa har yau ake nemansa shi ne Sean Connery da kansa ya dawo ya ba Bond murya, bayan rabonsa da rawar tun 1983. Za ka ji muryar dattijo na fitowa daga bakin saurayi, ni dai hakan bai taɓa damuna ba. Shi ne gem ɗin Bond na ƙarshe da EA ta yi kafin lasisin ya koma hannun Activision, kuma ba a sake fito da shi a sababbin na'urori ba. In kana son sa, tsohuwar na'ura za ka nema.

Akwai abu ɗaya da ya kamata ka riƙe tun yanzu, domin shi zai raba ka da yawan wahala. Gem ɗin da aka yi daga fim ba kamar na ƙwallo ba ne. Cike yake da bidiyo tsakanin matakai, da hirar 'yan wasa, da kiɗan da ke gudana ana tsakiyar harbi, kuma duk wannan ana janyo shi ne a lokacin da kake wasan. Saboda haka hanyar da bayanan ke bi su iso na'urar ita ce rabin aikin. Mutane kan ɓata kwanaki suna juya saiti, alhali ƙofar da suka zaɓa ce ta yi ƙunci.

Mataki na ɗaya: karanta takardar jikin na'urar

Juya ta ka duba takardar da ke manne a baya ko a ƙasa. Za ka ga lamba da ta fara da SCPH. Masu kauri, waɗanda aka fi samu, daga jerin 30000 ne zuwa 50000. Siraran sun fara daga 70000 a 2004, suka ƙare a 90000, wadda ita ce siririyar da ba ta da akwatin wuta a waje.

Manhajar da ke buɗe na'urar sunanta Free McBoot, kuma tana aiki a kan dukkansu in ban da 90000 na baya-baya. A jikin takardar akwai wata 'yar lamba ta lokacin ƙira, lamba ɗaya da harafi ɗaya. In 90000 ɗinka ta nuna 8A ko 8B, ko abin da ya gabace su, ba matsala. In 8C ce, sai an gwada, wasu na karɓa wasu ba sa karɓa. Daga 8D zuwa sama Sony ta toshe kafar. Masu irin waɗannan sai su nemi OpenTuna, wadda ita ma a katin memori take zama, sai dai ba ta tashi da kanta: kullum sai ka shiga wurin duba kati ka fito kafin ta kama. Sauran matakan duk ɗaya ne.

Kayan da za ka tanada ba su da yawa: katin memori na asali na Sony mai megabait 8 wanda aka rubuta MagicGate a jikinsa, filash, kwamfuta mai wurin sa faifan DVD, faifan DVD-R guda wanda ba a rubuta komai a kai ba, da faifan gem ɗin. Kan batun kati kada ka yi rowa. Katunan kwaikwayo masu alƙawarin megabait 64 ko 128 wasu na aiki, wasu kuma sai ka yi nisa a wasa su watsar da komai.

Mataki na biyu: sa Free McBoot a kati

Hanya mafi sauƙi ita ce ka samu wanda na'urarsa a buɗe take, ka sa katinka a rami na biyu ya shigar maka. Minti biyar an gama. Akwai kuma katunan da ake sayarwa da manhajar a ciki. In babu ko ɗaya, kuma siririya ce a hannunka, FreeDVDBoot ce mafita. Ta fito a 2020, kuma dabararta ita ce ta yaudari manhajar kallon fim ta na'urar: na'ura na zaton faifan fim aka sa mata, sai ta tsinci kanta ta buɗe wLaunchELF, wato manhajar da ake yawo da ita a cikin fayiloli.

Kunna na'urar ba faifai a ciki, ka danna alwatika a allon farko, za ka ga lambar manhajar DVD ɗinta. Siraran 3.10 ko 3.11 suke nunawa, kuma akwai fayil ɗin da ya game su duka. Sauke shi, ka ƙona shi a DVD-R da manhajar kwamfuta mai suna ImgBurn a gudu mafi ƙanƙanta da kwamfutar ta yarda. Kafin ka sa faifan, shiga saitin na'urar ka mayar da harshenta Turanci, domin dabarar da shi take aiki. Wannan ne karo ɗaya da za ka roƙi idon ya yi maka aiki. In ya raunana, goge shi a hankali da auduga, ka sake gwadawa sau biyu ko uku.

A filash ɗin, wanda ka yi wa fomat na FAT32, zuba folda ta mai shigar da Free McBoot, da fayil ɗin Open PS2 Loader, wanda kowa ke kira OPL, wato manhajar da za ta riƙa tayar maka da gem ba tare da faifai ba. Fayil ɗinsa OPNPS2LD.ELF ne. Da wLaunchELF ta buɗe, shiga FileBrowser, ka zaɓi mass, wato filash ke nan, ka buɗe fayil ɗin mai shigarwar. A nan maɓallin da'ira ne ke nufin "to", ba kuros ba, kuma wannan kan rikita kusan kowa a karon farko. Zaɓi Install. Zai tambaye ka irin shigarwar. In kana son katin ya yi aiki a wata PS2 ɗin ma, ɗauki wadda ta game nau'o'in na'ura daban-daban. Kada ka taɓa kati ko wayar wuta har sai ya ce ya gama.

Cire faifan, kashe, kunna. In ka ga tambarin Free McBoot, sannan allon farko ya ƙaru da sababbin layuka, an buɗe. Yanzu koma wLaunchELF ka kwafe OPL daga mass zuwa mc0, wato katin da ke rami na farko. R1 ne ke fito da jerin Copy da Paste. Sannan a Free McBoot Configurator ka ƙara masa layi a allon farko, ka nuna inda fayil ɗin yake, ka adana saitin a kati. In ka manta adanawa, da ka kashe ya tafi.

Mataki na uku: mayar da faifan gem fayil

Faifan PS2 na DVD ba ya bukatar wata na'ura ta musamman, kwamfuta na karanta shi kamar kowane faifai. Buɗe ImgBurn, ɗauki zaɓin ƙirƙirar fayil daga faifai, ka bar shi ya fito da ISO, wato kwafin faifan gaba ɗaya a fayil guda. In faifan ya karce, rage gudun karatun, kuma ka lura da rahoton da ke gudana a ƙasa. Ko kuskure ɗaya ya nuna, kada ka ce ai kaɗan ne. Ƙila wurin ya faɗa a tsakiyar bidiyon mataki na bakwai, ba za ka sani ba sai ka isa can gem ya sandare. Wanke faifan da ruwa, ka share da tattausan ƙyalle daga tsakiya zuwa baki, ba zagaye ba, ka sake.

Na ce faifanka, kuma da gangan na faɗa. Gem ɗin ya tsufa amma har yanzu da masu haƙƙinsa. Ban da wannan ma, fayilolin da ke yawo sau da yawa an yanke musu bidiyo ko murya don su ƙanƙance, kuma a gem irin wannan, in aka cire muryar Connery me ya rage?

Kafin ka rufe, buɗe ISO ɗin da 7-Zip ka nemo ɗan fayil mai suna SYSTEM.CNF. Rubutu ne layi kaɗan. A ciki za ka ga lambar gem ɗin: in ta fara da SLUS na Amurka ne, tsarin NTSC, in SLES ne na Turai ne, tsarin PAL. Rubuta ta a takarda, za ta yi amfani sau biyu nan gaba. Tsofaffin OPL suna son sunan fayil ya fara da wannan lamba, sai ɗigo, sai sunan gem, sai ɗigo iso. Sababbi ba su damu ba, amma ni har yau haka nake sa wa, don ba ya cutarwa. Ka taƙaita sunan, ban da alamomi.

Mataki na huɗu: zaɓi ƙofar da gem zai shigo

Nan ne wurin zama a yi lissafi.

Ramukan USB na gaban PS2 tsarin 1.1 ne, iyakarsu megabit 12 a daƙiƙa, wato megabait ɗaya da rabi a takarda (megabit takwas ne megabait ɗaya), a aikace kuma ba sa kai wa. Idon na'urar kuwa, in yana da lafiya, yana iya haura megabait biyar a daƙiƙa. Masu gem ɗin sun tsara bidiyonsu da gudun faifai a zuciya. To ka ɗauki ruwan da aka auna wa babban bututu ka tura shi ta tsinke, me kake tsammani? Bidiyo zai riƙa tsayawa yana tafiya, murya ta riga baki ko baki ya riga murya, lodin mataki ya yi tsawo. Sayen filash mai tsada ba ya gyara wannan, domin ba filash ne ya gaza ba, ramin ne. Na taɓa kwana ina canza filash har uku a kan wannan matsala kafin na yarda.

Duk da haka USB ita ce mafi sauƙin farawa, kuma wasan kansa, harbi da tuƙi, yakan tafi daidai da zarar mataki ya gama lodi. Ina ba da shawarar ka fara da ita don ka tabbatar komai na aiki, sannan ka ƙaura. Yi wa filash fomat na FAT32 da tsarin MBR, ka buɗe folda mai suna DVD da manyan baƙaƙe, ka jefa ISO a ciki. Abu biyu ke kawo cikas. Na farko, FAT32 ba ya ɗaukar fayil guda da ya kai gigabait 4, alhali faifan DVD na iya ɗaukar 4.7. In naka ya haura, ko dai USBUtil ta yanka maka shi gunduwa-gunduwa na gigabait ɗai-ɗai, ko ka koma OPL na jerin 1.2.0 da ke karanta exFAT. Na biyu, fayil ɗin da ya warwatsu a cikin filash, saboda an yi ta gogewa ana zubawa, yakan hana gem tashi. Maganinsa fomat sabo, sannan a kwafi fayil ɗaya bayan ɗaya, kada a haɗa biyu a lokaci guda.

Ƙofa ta biyu ita ce wayar sadarwa, kuma ga mai siririya ita ce na fi so. Kowace siririya tana da ramin Ethernet a baya mai megabit 100, ninki takwas da ɗoriya na USB. Gem na zaune a kwamfuta, PS2 na janyo shi ta waya. A kwamfutar ka buɗe folda, ka raba ta da suna PS2SMB, a cikinta ka yi folda DVD ka sa ISO. Ka ba kowanne adireshi tsayayye, misali kwamfuta 192.168.0.2, PS2 kuma 192.168.0.10, ka shigar da su a saitin sadarwa na OPL tare da sunan foldar da sunan mai amfani. Ga inda gizo ke saƙa: OPL na magana ne da tsohon tsarin raba fayil, SMB na ɗaya, wanda Windows 10 da 11 ke zuwa da shi a kashe. Sai ka kunna shi da hannu a wurin ƙarin fasalolin Windows. Kuma ba a banza aka kashe shi ba, ta wannan kafar ce cutar WannaCry ta bi ta mamaye kwamfutoci a 2017. Don haka kada ka bar shi a kunne a kwamfutar aikinka. Ko dai ka haɗa waya kai tsaye daga PS2 zuwa wata tsohuwar kwamfuta da ba ta hawa intanet, ko ka ware ƙaramar kwamfutar nan Raspberry Pi don wannan aiki kaɗai.

Mai kauri kuwa ya fi kowa sa'a. A bayanta akwai ɗaki da aka tanada don had-dis, ana haɗa shi ta Network Adapter. Na asali IDE yake karɓa, akwai kuma masu SATA na wasu kamfanoni, sai dai yawancinsu ba su da ramin sadarwa mai aiki. Ka yi wa had-dis fomat daga HddManager na cikin wLaunchELF, ka zuba gem da HDL Batch Installer daga kwamfuta. Lodi ya fi na faifai sauri, bidiyo sumul. In kana da mai kauri, kada ka tsaya wata shawara.

Akwai ta huɗu, MX4SIO, ɗan kati da ake sa wa katin SD a cusa a ramin memori na biyu. Ya fi USB gudu, ba ya bukatar kwamfuta a kunne, amma ya cinye maka rami ɗaya.

Mataki na biyar: saita OPL

Buɗe OPL, shiga Settings. Kowace ƙofa tana da layinta: ta USB a tsofaffi USB Device Start Mode ce, a sababbi BDM Start Mode, ta waya ETH, ta had-dis HDD. Wadda kake amfani da ita ka mayar da ita Auto, sauran ka bar su a kashe, domin in ka kunna ta waya alhali ba waya, OPL zai tsaya jiran abin da ba zai zo ba. Danna OK, sannan Save Changes. Koma jerin gem, sunan zai fito. In bai fito ba, kusan kullum sunan folda ne ko fomat ɗin filash.

Karon farko kada ka taɓa komai. Tashi gem ɗin haka nan, ka kalli bidiyon buɗewa har ƙarshe ba tare da tsallakewa ba, ka buga matakin farko na Landan har ya kai ka wurin adanawa. Wannan gwajin ya haɗa duk abin da ke iya lalacewa: bidiyo, murya, lodi, harbi, tashi sama, da rubutu a kati.

Mataki na shida: hoto

Wayar nan mai kai uku, rawaya da fari da ja, ita ce mafi munin hoto a talabijin na zamani. Rubutu ya dusashe, abokin gaba da ke nesa ya zama tabo. A tsohuwar talabijin mai ƙeya ba laifi, don da ita aka auna gem ɗin. A sabuwa ka nemi waya mai kai biyar, kore da shuɗi da ja na hoto, fari da ja na sauti, ko ɗan adaftan da ke mayar da PS2 zuwa HDMI. Dukansu biyun suna bukatar ka shiga System Configuration ka mayar da Component Video Out zuwa Y Cb/Pb Cr/Pr. Yi wannan tun kana kan tsohuwar waya, in ba haka ba za ka haɗa sabuwa ka ga baƙi ƙirin, ka zaci adaftan ne ya mutu.

Lambar da ka rubuta ta dawo. NTSC na sabunta hoto sau 60 a daƙiƙa, PAL sau 50. In gem ɗinka SLUS ne, talabijin kuma tsohuwa ce da PAL kaɗai ta sani, hoto zai fito fari da baƙi ko ya riƙa birgima. Ba lalacewa ba ce, harshensu ne ya bambanta. OPL na da GSM a saitin kowane gem, wanda ke tilasta wa na'ura fitar da tsarin da ka zaɓa. Da shi ake gyara wannan, da shi kuma wasu ke tura gem zuwa 480p don hoto ya daina rawa. Gargaɗi biyu: 480p ba ya bi ta waya mai kai uku ko kaɗan, kuma ba kowane gem ke jure tilasci ba, wani sai hoto ya karkace ko bidiyo ya ɓace. In ya yi, alhamdu lillahi. In bai yi ba, kashe GSM ka ci gaba da wasanka.

A talabijin ɗin kanta ka kunna yanayin gem. Sauran yanayoyin suna riƙe hoto suna yi masa kwalliya kafin su nuna, sai ka danna harbi ka ga ya fita a makare. Kuma ka bar faɗin allo a 4:3 sai in ka kunna faɗaɗawa daga cikin gem. Bond mai faɗin kafaɗa kamar ƙofa ba shi aka zana ba.

In ya ƙi tashi

Abu ɗaya-ɗaya ake canzawa. Wanda ya kunna saiti huɗu a tare, ko ya gyaru bai san wanne ya gyara ba, ko ya ƙara lalacewa bai san wanne ya ɓata ba. Fara da kashe GSM da katin memori na bogi (VMC, bayaninsa na nan gaba) da duk wani ƙari. Bai tashi ba? Sake fomat ka sake kwafa. Har yanzu? Gwada ISO ɗin a PCSX2, manhajar da ke buga gem ɗin PS2 a kwamfuta. In can ma ya maƙale a wuri ɗaya, fayil ɗin ne, koma mataki na uku.

Sai bayan wannan ake zuwa Modes, waɗanda ke cikin saitin gem, alwatika ke buɗe shi. Shida ne. Na 1 yana rage gudun karatu ya yi kama da na faifai, don gem ɗin da sauri ke rikitawa. Na 2 yana canza yadda ake jiran bayanai, yakan taimaka in sauti na sarƙewa. Na 3 yana cire hannun OPL daga wasu ayyukan cikin na'ura. Na 4 tsallake bidiyo yake yi, wanda a gem ɗin fim daidai yake da yanke kai don maganin ciwon kai. Na 5 na faifai mai hawa biyu ne. Na 6 yana kashe dabarar fita daga gem da maɓallai. Kunna ɗaya, gwada, kashe shi, kunna na gaba. In duk ba su yi ba, canza OPL ɗin kansa: tsakanin 1.1.0 da jerin 1.2.0 akwai gem ɗin da ke tashi a ɗaya ya ƙi a ɗaya, kuma ba abin da ya hana ka ajiye biyun a kati.

Cikin wasan

Kyamara a bayan Bond take, kana ganinsa gaba ɗaya, kuma harbin ya ginu ne a kan kulle abokin gaba. Wanda ya saba da gem ɗin zamani zai so ya riƙa auna kowa da sandar dama, sai ya sha wuya. Kulle, harba, saki, kulle na gaba. Kafin komai shiga saiti ka duba juyin kyamara, sama da ƙasa, don gem ɗin wancan zamani da yawa a juye suke zuwa. In kyamara na tafiya da kanta ba ka taɓa ba, sandar hannun ce ta gaji, ba OPL ba. In hannunka na DualShock 2 ya mutu, OPL na da PADEMU da ke karɓar DualShock 3 ko 4 ta USB, amma shi ma kada ka kunna shi sai gem ya riga ya tashi lafiya.

Daɗin gem ɗin yana cikin abin da suka kira Bond Focus. Bayan ka kulle mutum, sai ka matso da gani, wasu 'yan da'irori su bayyana a jikinsa: gurneti a ƙugu, rediyon da zai kira 'yan'uwansa, igiyar da yake saukowa da ita. Harsashi ɗaya a gurnetin ya ɗauke shi da na kusa da shi. Wanda ya koyi wannan da wuri ba ya rasa harsashi, wanda ya ƙi kuma zai yi ta zazzaga wa masu sulke ba sa faɗuwa. Jingina da bango ma ba ado ba ne, daga tsakiyar gem zuwa sama tsayuwa a fili kashe kai ne.

Kada ka yi gaggawar barin ɗaki. Buɗe durowa da kabad, akwai takardun da ke ba da makin inganta makamai, kuma gara ka zuba makin a bindiga ɗaya ko biyu da kake riƙewa kullum da ka yayyafa shi ko'ina. In ka ga hanya ta toshe, yawanci kayan Q, mai ƙera wa Bond na'urori, ake so ka tuna: agogon leza na ratsa gilashin da harsashi ba ya fasawa, ƙaramin jirgin Q-copter kuma na bi ta ramin iska ya je ya tarwatse inda ba ka isa.

Masu riƙe da fim ɗin a ka za su lura an yi ƙari. Ƙungiyar miyagu a nan OCTOPUS ce, ba SPECTRE ba, saboda rikicin haƙƙin mallakar sunan a lokacin. Jakar tashi sama da ake kewaya Big Ben da ita daga fim ɗin Thunderball aka aro ta, motar Aston Martin DB5 da ake tsere da ita a titunan Istanbul kuma daga Goldfinger. Matakan motar su ne suka fi rauni a ganina, tuƙin na da nauyi, amma ba su da tsawo. Na'urar Lektor da Red Grant da faɗan cikin jirgin ƙasa duk suna nan.

Saura adanawa. Free McBoot da OPL sun riga sun ci wani yanki na megabait 8 ɗin katinka, don haka ko ka sa kati na biyu don wasa kawai, ko ka buɗe VMC a saitin gem, wato katin bogi da ke zaune a matsayin fayil kusa da ISO, wanda za ka iya kwafewa zuwa kwamfuta duk lokacin da ka ga dama. Ajiyar wasa tana bin lambar gem ne, ta SLUS ba ta buɗuwa a SLES, saboda haka in kana da tsohuwar ajiya a kati, nau'in faifan da ka yi ta da shi za ka kwafa. In za ka fita, riƙe L1 da L2 da R1 da R2 da Start da Select a tare, zai fitar da kai daga gem ba sai ka tashi ba. In ka musanya Start da Select da danna sandunan biyu, L3 da R3, na'urar za ta mutu gaba ɗaya. Kowanne za ka yi, jira alamar adanawa ta ɓace daga allo tukuna, ka ƙara daƙiƙa biyar a kai, musamman in VMC ɗinka a filash yake, don rubutu ta wannan ramin ya fi karatu jinkiri.